Ranar da Aka Rufe Tagogin Ɗakin Awo

Damina ce, irin wadda ruwa ke kwana ya wuni, sama ba ta gama washewa sai ta sake haɗowa. Shekarar nan nauyi gare ta. Komai a jiƙe yake, tabarma, gawayi, ashana, har gishirin cikin gwangwani sai ka tarar ya zama ruwa. Babbar kwatar unguwarmu Nima, a nan Ghana, ta cika ta tumbatsa, tana wucewa da takalman mutane da kwanukan da aka manta a waje. Mu kuma muna gidan haya mai ɗakuna a jere, kwanon rufi yana ta ƙara a kanmu, har ba ka jin kiran salla sai dai ka ga maza sun fito da buta. A cikin wannan daminar na haifi ɗana na fari. Yarinya ce ni a lokacin, ƙirji cike da nono, kai cike da tsoro. Uwata tana can arewa, hanya ta lalace, don haka ban je gida wanka ba. Uwar mijina ce ta yi mini komai. Inna muke ce mata, duk gidan, har 'yan haya waɗanda ba yarenmu ɗaya ba.

Yau wannan ɗan yana kwance a gidansa a unguwar Maamobi da furfura a gemunsa. Ɓarin jikinsa ya shanye, baki ya daina magana. Ni kuwa da na haife shi, kafin wannan makon sau ɗaya tak na taɓa kiran sunansa a duniya, shi ma a cikin duhu, a ƙarƙashin dariyar mata, dalilin wani ɗan gajeren sini, wato majigi, na ban dariya a kan renon jariri. Labarin nake so in ajiye, tunda Allah ya sa na koyi riƙe alƙalami da girmana a makarantar manya, ko da yake hannuna a hankali yake tafiya kamar ƙafafuna.

Yaran yanzu ba su san kunyar ɗan fari ba, sai in an ba su labari su buɗe baki. A gidajen da iyayensu suka zo daga ƙasar Hausa da fataucin goro, irin gidan mijina, mace ba ta nuna ta san ɗanta na fari. Ba ki kiran sunansa. Ba ki yi masa wasa a gaban mutane. In yana kuka ba ki tashi da gudu, sai ki jira wata ta ɗauko ta kawo miki, ki ba shi nono kina kallon bango. Nawa kuma abin ya ninku, don sunan mahaifin mijina aka sa masa, sunan da ko da wasa ba ya fita a bakin suruka. Mutanen gida suka riƙa ce masa Ɗanlami saboda ranar da ya zo. Ni ko wannan ban faɗa. In dole ta kama sai in ce "yaron nan", ko in ce "shi". Ban ce an zalunce ni ba, ban kuma ce na yi laifi ba. Haka muka tarar, haka aka yi wa Inna, kuma a lokacin mace tana jin daɗi a ce 'yar gidan wane akwai kunya.

Inna ba muguwa ba ce, Allah ya jiƙanta. Ita ke tashi tun kafin asuba ta hura gawayin da ya ƙi kamawa, ta dafa ruwan wankana da ganyen darbejiya, ta watsa mini shi da zafinsa ina cije leɓe. Ita ke dama mini kunun kanwa, ta tsaya a kaina sai na shanye. Tsummokaran jaririn da muke dafawa a tukunya, da yake babu rana, a cikin ɗaki muke shanya su a kan igiya, suna ɗiga, ɗakin duk warin sabulu da hayaƙi da man kaɗe. Ita ke yi masa wanka, ta miƙe ƙafafu ta kwantar da shi a kai, tana murza masa hannuwa tana yi masa zance kamar babban mutum. Ni ina daga gefe ina ninke zane. In idona ya daɗe a wajen sai ta ce, ba tare da ta ɗago ba, "Wannan na gida ne, ke naki nono kawai. Allah ya kawo na bayansa, ki yi ta lasa har ki gaji." Sai in sunkuyar da kai. Har na gama wankan jego ban san fuskar ɗana da kyau ba. Na san nauyinsa, na san yadda yake kama nono da ƙarfi, amma a ce na zauna na ƙare masa kallo, ban taɓa ba. Ko da dare ma a bayan Inna yake kwana, sai in ya farka ta miƙo mini shi a duhu.

Ranar awo ita ce ranar fitarmu. A wancan lokacin ɗakin awon jarirai wani dogon ɗaki ne mai benci-benci, da sikeli a rataye kamar na mahauta, ana sa yaro a cikin wani ɗan wando a ɗaga shi yana tsala ihu. Inna ce ke goya shi, ni ina bin ta a baya da jaka kamar 'yar rakiya. To, ran nan muka iso ana yayyafi, muka tarar da wata mota a ƙofa, maza biyu suna jan waya, ana rataya barguna a tagogi. Babbar nas ɗin, wata doguwar mace 'yar ƙabilar Ga mai murya kamar ta namiji, ta tafa hannu ta ce yau kafin awo za a nuna mana sini, kowa ta shiga ta zauna. Inna ta ja ta tsaya. Ta ce, "Ni da alwalata ba zan shiga duhu in kalli inuwar mutane tana rawa a bango ba." Nas ta ce ai yaro sai ya shiga layi, in ba haka ba su koma na ƙarshe. Inna ta yi tsaki, ta kwance goyo, ta miƙo mini shi. "Karɓi. Kada ki lalata mini shi." Ta je ta zauna a baranda da carbinta.

Kusa da ni Fati ce ta zauna, wata 'yar Dagomba mai sayar da koko a bakin layinmu, mace mai baki, ta haifi yara da yawa ba abin da ke ba ta tsoro. Aka ja bargon ƙarshe, ɗaki ya yi duhu, warin jiƙaƙƙen bargo da na jarirai ya taso. Injin sinin ya fara ƙara, kar-kar-kar, wani farin haske ya ratsa ta saman kawunanmu ya faɗa a bango. Mai injin yana bayani da yaren Ga da na Twi, Fati kuma tana juya mana da Hausa, tana ƙara nata ƙaryar a kai.

A sinin, wani mutum ne mai ƙiba da 'yar ƙaramar hula da gashin baki. Matarsa za ta kasuwa, ta nuna masa butar ruwa, ta nuna masa baho da sabulu da kofi mai murfi, ta nuna jaririn a kan tabarma. Shi kuma yana bugun ƙirji, wai ta tafi abinta, wannan ai ba aiki ba ne. Fati ta ce, "Ya ce shi ya reni uwarsa ma." Mata suka fara ƙyaƙyatawa. Ya zuba ruwan zafi ya tsoma hannu, ya yi tsalle har hularsa ta faɗi. Ya shiga ƙara ruwan sanyi, yana ƙarawa yana ƙarawa, baho ya cika ya malale, takalmansa suka fara yawo a tsakar ɗaki. Wata daga baya ta ɗaga murya, "Ei, Nima ce wannan!" Ɗakin duka ya ɗauka. Ya zo shafa hoda, atishawa ta kama shi, ya fito fari fat kamar an tona shi daga buhun gari. Ya ɗaura tsumma ya soke fil, ashe da rigarsa ya haɗa, ya miƙe yaro yana maƙale a cikinsa. Da ya zo goyo kuwa, ya juya baya ya lalubo, ya ɗaure tamau, ya fito tsakar gida yana taƙama yana jijjigawa, ashe matashin kai ya goya, jaririn yana can a tabarma yana wasa da ƙafafunsa. Maƙwabciya ta leƙo ta ga mutum yana lallashin matashi, ta saki tsintsiya. Fati ta riƙe ciki tana cewa, "Wallahi mijina ne, hular ce kawai ba tasa ba." Har nas ɗin da ba ta dariya na ji muryarta daga bakin ƙofa. A tsakani kuma sai a nuna ƙuda a kan kofin da ya bari a buɗe, mai injin ya yi ta faɗa, a tafasa ruwa, a rufe kofi, a gwada zafin ruwan wanka da gwiwar hannu.

Can wajen ƙarshe jaririn ya ɓarke da kuka, mutumin ya yi rawa, ya yi waƙa, ya kaɗa cokali a kwano, duk a banza. Sai ya zube a ƙasa a gajiye. Ya ɗaga yaron da hannu biyu ya kawo shi daidai fuskarsa, hanci da hanci, bakinsa yana motsi, yana kiransa. Yaron ya yi shiru yana kallonsa. Ni a nan dariyata ta tsaya. Na ce a raina, ga namiji da gashin baki yana yin abin nan a gaban duniya, ba wanda ya ce ba shi da kunya. Sai na tuna Inna tana waje, kuma duk idon da ke ɗakin yana bango.

Na sauke kaina. Hasken sinin yana zuwa yana komawa a fuskarsa. Ashe gashin idonsa dogaye ne. Ashe leɓensa na sama yana da ɗan tudu a tsakiya. Na juya kansa a hankali na ga tawadar Allah a bayan kunnensa na hagu, 'yar ƙarama kamar ƙwayar wake, wadda Inna ta sani tuntuni ni ban sani ba. Na sa hancina a tsakiyar kansa na shaƙa. Daidai nan jaririn sini ya yi wa mutumin fitsari a hula, ɗakin ya kece da dariyar da ta fi duka, mata suna buga benci, yara suna firgita. A cikin wannan ƙarar na kai bakina kunnensa na faɗi sunan. Cikakken sunansa na yanka, ba na rana ba. Ya buɗe ido ya dube ni. Ban san abin da jariri ke gani ba, amma ni ya duba.

Sinin bai kai tsawon dahuwar shinkafa ba. Aka yaye barguna, haske ya shigo, na yi maza na gyara zama na mai da idona bango. Fati ta kalle ni ta ce, "Amarya, dariya ce ta sa ki hawaye haka?" Na ce dariya ce. Ta kalli yaron, ta kalle ni, ta gyara ɗaurin zanenta. "Yoo. Ni dai duhu ne, ban ga komai ba." Har ta mutu ba ta sake tayar da maganar ba. A waje Inna ta karɓe shi ta duba shi sama da ƙasa kamar kayan aro. Ta ce, "Me suka nuna muku?" Na ce, "Wai a tafasa ruwa, a rufe kofi." Ta ce, "Sai yau suka sani?"

Duk ranar awo bayan nan idona na kan ƙofa ko zan ga motar. Na yi ƙarfin hali na tambayi nas, ta ce sinin zagaye yake yi, yanzu yana wajen unguwar Kokomlemle, zai dawo. Bai dawo ba. Damina ta wuce, wata ta zo. Aka yaye yaron, ya koma ɗakin Inna gaba ɗaya, ya tashi yana ce mini Yaya kamar yadda ya ji ƙannen ubansa suna faɗa. Na bayansa suka zo kamar yadda Inna ta roƙa, na kira sunayensu har maƙwabta suka gaji, na goya, na daka, na rungume. Shi kuwa sai in hango shi a bakin ƙofar kakarsa da kwanonsa, yana kallon yadda ƙannensa ke hawa bayana suna ce mini Mma. Ba ya kuka, ba ya roƙo. Nakan ɗebi tsokar da ta fi kyau in ba ƙanwarsa in ce, "Kai wa yaron can." Ban sani ba ko ta taɓa gaya masa daga wa take.

Ya girma ya zama direban babbar mota, yana ɗauko doya da albasa daga arewa zuwa kasuwar Agbogbloshie. Bai taɓa dawowa bai biyo ta wurina ba. Sai ya sauke mini doya a ƙofa, ya cire takalmi, ya durƙusa daga bakin labule. "Yaya, ina wuni." In ce, "Lafiya. An iso lafiya?" ina kallon tsintsiya ko tukunya. Ya ce lafiya. Ya ɗan jima a durƙushe, sannan ya tashi. Inna ta rasu, ubansa ya rasu, tsofaffin da za su ce ba ni da kunya duk suka tafi ɗaya bayan ɗaya. Aka rushe gidan hayar aka yi bene. Ba sauran mai hana ni, amma harshen ya riga ya saba, kamar ƙofar da ta kumbura da damina ta ƙi buɗewa ko rana ta fito. Kullum ina cewa sai wani zuwan.

Abin da ya tono mini duk wannan, 'yarsa ce Rukaya. Ta haihu kwanan baya, takan kawo mini jaririyar da la'asar in gasa mata cibiya. Ita ma ɗiyar fari ce wannan, amma Rukaya tun cibiya ba ta faɗi ba ta ɗauke ta hoto ta aika wa duniya. Tana sumbatar ta a gabana, a gaban mijinta, tana kiran sunanta da waƙa. Tsumma ma babu, na takarda ne a cire a yar. Ban ce nasu ya fi ba, ban ce namu ya fi ba, amma in na gan su sai in tuna nawa. Shekaranjiya tana zaune tana ta dariya ita da wayarta, ta miƙo mini. "Kaka, dubi wannan, an bar shi da bebi, ya rikice." Wani saurayi ne yana kokawa da jariri. Na ce mata ai mu mun ga wanda ya fi wannan tun ubanta yana zanen goyo, ko za ta nemo mini shi a ciki, tunda an ce babu abin da babu a waya.

"Mene ne sunan sinin?"

"Ban sani ba."

"Wa ya yi shi?"

"Wani mai ƙiba ne da 'yar hula."

"Ei, Kaka! Masu ƙiba da hula ai sun cika Ghana. Ko a layin nan zan kawo miki biyar."

Ta dai yi ta dannawa, ta nuno wannan ta nuno wancan, ba shi ba ne. Ta ce irin waɗannan tsofaffin, ƙila ruwa ya ci su a wani sito tun ba a haife ta ba. "Me za ki yi da shi ma, tsohuwa? Ko saurayinki ne mai hular?" Sai na ba ta labarin, yadda na rubuta shi a nan, abin da ban taɓa gaya wa kowa ba. Da na kai ƙarshe dariyar ta bar fuskarta. Ta daɗe tana jijjiga 'yarta. Sannan ta ce, "Kaka, Baba ya taɓa ce mana wai ke ba ki san sunansa ba. Wai ranar suna ruwa ake yi, kwano na ƙara, da liman ya faɗa ba ki ji ba." Na ce ai wasa yake. Ta ce, "Da dariya ya faɗa. Amma ranar bai ƙarasa tuwonsa ba." Ta share ido da bakin mayafi, ta ce likita ya ce su mai da shi gida, su riƙa yi masa magana suna kiran sunansa, don kunne ne ke daɗewa. Kuma kwana biyun nan ko kunu ba ya wucewa sosai.

Tun da ya kwanta ina zuwa duba shi. Nakan zauna daga bakin ƙofa in tambayi matarsa, "Yaya mai jikin?" in yi addu'a in taso. Har a nan ma bango nake kallo.

Washegari da na idar da sallar asuba na ɗauki wani tsohon zane mai kauri da ɗan gwangwanin man kaɗe, na kama hanyar Maamobi a ƙafa, ina tafiya ina hutawa. An yi ruwa da dare, kwata tana gudu a ƙarƙashin gada, masu koko suna hura wuta. Na tarar da matarsa Hawa tana shara. Ta ce, "Mma, lafiya da sassafe haka?" Na ce ta ba ni ruwan ɗumi a baho, kuma ta bar mu mu biyu. Ta dube ni, ta kawo. Na rataya zanen a taga, ɗaki ya yi duhu. Na gwada ruwan da gwiwar hannu. Na wanke masa fuska, na wanke gemun, na shafa masa mai a goshi. Ya rame, ƙashin kumatunsa ya fito, amma gashin idon yana nan da tsawonsa. Na juya kansa a hankali. Tawadar Allah tana nan a bayan kunne, a cikin furfura.

Wannan karon babu injin da ke ƙara, babu matan da za su rufe ni da dariya. Na ji tsintsiyar Hawa ta tsaya a waje. Na kai bakina kunnensa.

"Sulemana."

Ya buɗe ido. Bai dube ni ba. Idonsa ya wuce ta gefen kafaɗata ya tafi bakin ƙofa, yana neman wanda ya kira shi.

Na ce, "Ba kowa a ƙofa. Ni ce."

Sai na miƙa hannu na janye zanen daga taga, hasken safiya ya shigo mana, na riƙe fuskarsa da hannu biyu daidai tawa, na sake kira.